Mutumin da ke tsaye a gefen allo: aikin mai kiran maki a wasan dats

Duk wanda ya taɓa cin karo da wasan dats, wato wasan jifan ƙananan kibau a jikin allo, a talabijin ko a ɗan guntun bidiyo a Facebook, abin da zai fara maƙale masa a kunne shi ne ihun nan da wani mutum ke yi da kakkaurar murya idan ɗan wasa ya jera kibau uku a wuri ɗaya, ɗari da tamanin, ya ja ta ya ja ta har sai ɗakin gaba ɗaya ya ɗauka. Mutane da yawa iyakar saninsu kenan, suna zaton an ɗauko shi ne don ya ƙara wa taron armashi kamar sanƙira a gidan biki. To armashin yana ciki kam, babu musu, amma fa wannan mutumin shi ne rafalin wasan, kuma lambar da ta fito daga bakinsa ita ce hukunci, ita ake rubutawa, da ita ake cin kofi da kuɗi. Ni a ganina ihun 180 ɗin nan shi ne mafi sauƙi a cikin duk abin da yake yi a kan dandamalin.

Sai an ɗan san yadda wasan yake kafin a gane nauyin da ke kansa. Allon zagayayye ne, faɗinsa bai wuce santimita 45 ba, an raba shi gida 20, kowane gida da lambarsa. Akwai siririn zobe a bakin waje, kibiyar da ta shiga nan makinta ya ninka biyu, shi ake kira dabul, akwai wani siririn zoben a ciki wanda ke ninka maki uku, shi ne tirebul, sannan ɗan jan ɗigon tsakiya maki 50 ne, koren da ya kewaye shi 25. Tsakiyar allon tana mita 1.73 daga ƙasa, ɗan wasa kuma yana tsayawa a bayan wani katako mita 2.37 daga allon. Kowa yana farawa da 501, ana jifa uku-uku ana ragewa, wanda ya fara kai sifiri shi ya ci turmin, da sharaɗin kibiyarsa ta ƙarshe ta faɗa a dabul ko a jan tsakiya. Shikenan dokar a taƙaice. Tirebul 20 maki 60 ne, sau uku 180, babu abin da ya fi haka a jifa ɗaya, shi ya sa ake yi masa wannan shagalin.

Yanzu ka saka kanka a takalmin mai kiran. Kana tsaye taku ɗaya ko biyu daga allon, makirfo a hannu, kibau na wucewa ta gabanka, faɗin zoben tirebul ɗin milimita 8 ne kacal, kuma lambobin ba a jere suke ba, da gangan aka warwatsa su don a hukunta mai kuskure, 20 tana tsakanin 1 da 5, 19 tana tsakanin 7 da 3. In ɗan wasa yana kan ganiyarsa aikinka da sauƙi, 60, 100, 140, 180, waɗannan bakinka ya riga ya saba da su. Wahalar tana zuwa ne idan hannu ya fara rawa. Kibiyar farko ta toshe hanyar 20, sai ya sauko 19 ya samu tirebul, 57 kenan, ta ukun ta zame ta faɗa tirebul 3, to 20 da 57 da 9 nawa kenan? Kafin mai karatu ya gama ƙirgawa a ransa ɗan wasan ya riga ya taka ya iso allon zai zare kibansa, kuma doka ba ta yarda ya taɓa su ba sai an kira makin, saboda haka 86 ɗin nan dole ta fito a cikin sakan ɗaya ko biyu. Sannan a lokaci guda ka cire ta daga abin da ya rage masa, ka riƙe na abokin karawarsa shi ma a kai, ka yi haka sau ɗaruruwa a wasa ɗaya, mutum dubu uku na ta waƙa a bayanka a Alexandra Palace, ɗakin da ake gasar duniya a Landan, miliyoyi na kallo a gida. Akwai 'yan wasa irin su Ricky Evans da saurin jifansu ya sa ake masa laƙabi da mai sauri, ya taɓa jera 180 a ƙasa da sakan uku, akwai kuma masu nawa irin su Mensur Suljović da sai sun gama shirinsu tsaf, kuma kowanne sai mai kira ya bi takunsa.

Waɗanda suka daɗe a aikin ba ƙirgawa suke yi ɗaya bayan ɗaya ba, sun haddace siffofin ne, da sun ga inda kibau uku suka tsaya lambar ta zo musu. Ba mamaki ba ne da ɗaya daga cikin manyan rafalin PDC na yanzu, wato ƙungiyar da ke shirya manyan gasannin dats na ƙwararru, Kirk Bevins, ya fito daga duniyar lissafi, tsohon malamin lissafi ne kuma ya taɓa lashe gasar Countdown ta talabijin ɗin Birtaniya, wadda ake gwada kaifin ƙwaƙwalwa da haruffa da lambobi, har ake masa laƙabi da kalkuleta.

Ba shi kaɗai ba ne a kan dandamali, wannan ma mutane kan rikita shi. Akwai mai gabatarwa wanda ke kiran sunayen 'yan wasa lokacin da suke shigowa da kiɗa da fitilu, John McDonald ya shekara da shekaru yana wannan a PDC, a tsohuwar ƙungiyar BDO kuma Martin Fitzmaurice ne ya yi suna, amma da an fara jifa aikin mai gabatarwa ya ƙare. Akwai masu sharhi na gidan talabijin irin su Wayne Mardle, su 'yan cikin ɗakin ma ba sa jin su. Akwai masu rubuta maki mutum biyu, ɗaya a kowane gefen allo, suna rubuta abin da aka kira suna ragewa da hannu don 'yan wasa su riƙa gani. Akwai ma wani da ba a ganinsa sam, wanda ke gaya wa masu kyamara inda kibiya ta gaba za ta nufa don su riga ta isa, Keith Deller zakaran duniya na 1983 ya daɗe yana yi wa gidan talabijin na Sky Sports wannan aikin. Duk waɗannan suna da amfani, amma idan aka samu saɓani tsakanin abin da aka rubuta da abin da ke jikin allo, rafali ne ke tsayar da wasa ya warware.

Inda aikin ya fi burge ni shi ne wajen abin da aka hana shi faɗa. Idan makin ɗan wasa ya sauko inda zai iya rufewa da kibau uku, wato daga 170 zuwa ƙasa, mai kira zai ambaci sunansa ya ce kana buƙatar kaza. Kuma ko a nan sai ya san cewa akwai lambobin da ba sa rufuwa da kibau uku ko da sun gaza 170, su ne 169, 168, 166, 165, 163, 162 da 159, waɗannan ba a yi wa mutum shelar su. A tsakiyar jifa ɗan wasa yana da damar ya juyo ya tambaya, wannan kibiyar ina ta shiga, ko nawa ya rage min, kuma dole a ba shi amsa ta gaskiya. Amma lambar kawai za a ba shi. A ce mutum yana da 121, ya samu tirebul 20, ya tambaya, rafali zai ce saura 61 ya ja bakinsa ya yi shiru. Ba zai ce masa nemi 11 sannan ka nufi jan tsakiya ba, ba zai ce 25 da dabul 18 ba, ko saura 32 ne ba zai ce dabul 16 ba, 32 zai ce. Dalili a fili yake, zaɓen hanyar rufewa wani ɓangare ne na gwanintar wasan, wanda ya gaya maka hanya ya taya ka wasa kenan. To ka duba wannan yanayin, mutumin da ya fi kowa sanin lissafi a wurin yana kallon ƙwararren ɗan wasa ya yi kuskuren ƙirga ya nufi lambar da ba ita ba, kuma hakan na faruwa har a manyan gasa, José de Sousa na Fotugal wanda ya ci gasar Grand Slam a 2020 an san shi da irin wannan ruɗewar, amma mai kira ko gira ba zai ɗaga ba, zai bari a gama jifan ya kira abin da aka samu. Wallahi wannan kamun kan ya fi ƙarfin murya wahalar samu.

Sai maganar jifan da ya ƙone. Mutum na da 32, ya nufi dabul 16 kibiyar ta faɗa 16 zalla, saura 16, sai ya koma dabul 8, to gidan 8 da na 16 maƙwabta ne a allon, in ta zame ta sake faɗawa 16 zalla ya kai sifiri amma ba ta dabul ba, jifan gaba ɗaya ya ƙone, a mayar da shi 32 ɗinsa. Haka in ya wuce abin da ya rage, ko ya bar 1, tunda babu dabul ɗin da ke ba da 1. Mai kira zai ce babu maki, kuma dole ya faɗa nan take kafin mutumin ya saki wata kibiyar a banza. Haka kibiyar da ta bugi wayar ƙarfen da ke raba gidajen allon ta dawo ƙasa ba ta da maki, wadda ta soki gindin 'yar'uwarta ta maƙale a can ba ta da maki tunda bakinta bai taɓa allo ba, wadda ta shiga sannan ta faɗo kafin a zare ta ita ma ta tafi. Wani lokaci za ka ga kibiya tana lilo kamar za ta faɗi, ɗan wasa ya yi wuf ya taho, a nan jinkirin sakan ɗaya daga bakin mai kira yana iya cinye wa mutum maki 60.

Akwai kuma wadda ta tsaya daidai kan waya, daga nesa kamar tana cikin tirebul amma bakinta ta ɗaya gefen ya shiga. Nan za ka ga rafali ya ɗan ranƙwafo ya leƙa ba tare da ya taɓa komai ba, don inda tsinin ya huda shi ne abin dubawa, jikin kibiyar ko ina ya karkata ba ruwan kowa. Da zarar ɗan wasa ya zare kibansa kuma maganar ƙorafi a kan makin ta ƙare, kuskuren ragi a allon rubutu shi ma in ba a gyara shi ba kafin mai makin ya sake jifa to ya zauna. Shi ya sa za ka ga 'yan wasa da kansu suna sa ido, in aka kira ba daidai ba su tsaya su nuna, mai kira ya sake dubawa ya gyara, a ci gaba. Kuskure na faruwa, mutane ne, amma in ka yi la'akari da yawan lambobin da ake kira a dare ɗaya za ka ga ƙarancinsa abin a jinjina ne.

Duk wannan bai sa na raina muryar ba fa. Wasan dats a mashayun Ingila ya girma, inda wanda aka cinye shi ke ɗaukar alli ya rubuta wa na gaba maki, kuma allon ƙarami ne, wanda ke zaune a layi na goma ba ya ganin komai sai ta manyan allunan bidiyo. Da talabijin ta shigo a shekarun 1970, musamman bayan BDO ta fara gasar duniya a 1978, sai muryar mai kira ta zama hanyar da ɗaki ke sanin abin da ya faru. Da manyan 'yan wasa suka ɓalle a farkon shekarun 1990 suka kafa ƙungiyar da daga baya a 1997 ta koma PDC, suka haɗa kai da Sky, sai aka mayar da wasan wani gagarumin shagali, gasar duniyarsu ta tashi daga Circus Tavern da ke Purfleet ta koma Alexandra Palace a Landan a ƙarshen 2007, gasar Firimiya ta dats kuma ta riƙa cika manyan ɗakuna a Birtaniya da Holan da Jamus. A wannan zamanin ne Russ Bray ya zama muryar wasan. Tsohon ɗan sandan kula da hanya ne, ya fara kira wa PDC a 1996, muryarsa a shaƙe take kamar ana jan ƙarfe a kan tsakuwa, har laƙabinsa ya zama Muryar kawai. Shi ne a gefen allo a Blackpool a 2002 lokacin da Phil Taylor ya rufe turmi da kibau tara, mafi ƙarancin kiban da za a iya gama 501 da su, na farko da aka nuna kai tsaye a gasar PDC, kuma wasansa na ƙarshe a gasar duniya shi ne na 3 ga Janairun 2024 da Luke Humphries ya doke Luke Littler mai shekara 16 da ci 7 da 4. George Noble da ya taso daga BDO, da Huw Ware ɗan Wales wanda ya fara tun yana matashi, kowanne da irin nasa salon jan lambar, mai bin wasan yana iya gane waye ke kira ko da ya juya wa talabijin baya.

Kuma muryar tana da ma'auni, gwani ba ya kiran komai da ƙarfi ɗaya. 26 ko 45 a hankali ake faɗarsu a wuce, 100 a ɗan ɗaga, 140 a ƙara, 180 a saki. Mutumin da ke gab da faɗuwa ya jefa 26 ba ya buƙatar a yi masa shela da ƙarfi, kuma in ana turmin da zai raba gardama mai kira kan rage jan lambar don kada ya shiga lokacin wanda ke biye. Dubi turmin nan na wasan ƙarshe na gasar duniya a Janairun 2023, Michael van Gerwen da Michael Smith, dukkansu biyu suna kan hanyar rufewa da kibau tara a turmi ɗaya, van Gerwen ya jefa takwas daidai ya kuskure dabul 12, Smith ya zo da 141 a gabansa ya buga tirebul 20, tirebul 19, dabul 12. Ɗakin ya rikice, mai sharhi a talabijin har muryarsa ta ƙare, amma a cikin wannan hargitsin akwai mutum ɗaya da ya zama dole ya tsaya daram ya faɗi 180, ya faɗi 177, ya faɗi saura 144, ya faɗi saura 141, ya tabbatar kibiyar ƙarshe tana cikin dabul kafin ya ce "game shot", wato an ci turmin. A dogayen wasanni irin wannan akan raba aikin tsakanin rafali biyu, kuma ni ban ga laifin hakan ba ko kaɗan, ƙwaƙwalwa na gajiya.

Ɓangaren da nake ganin an ɗora musu kaya fiye da ƙima shi ne na 'yan kallo. A da, musamman a ɗakin Lakeside na Ingila inda BDO ke gasarta ta duniya, da ɗan wasa ya tsaya zai yi jifa ake yin tsit, in an samu hayaniya rafali ya nemi a natsu a kuma saurare shi. Yanzu taron PDC na mutane ne da suka zo da kayan ban dariya da kwalayen 180 a hannu, ana shan giya ana waƙa tun daga farko har ƙarshe, kuma 'yan wasa sun saba da wannan, hayaniyar da ba ta yankewa ba ta dame su. Abin da ke kashe su shi ne fito, mutum ɗaya ya bari sai daidai lokacin da za a saki kibiyar dabul ya tsaga fito. Gerwyn Price ya sha ihun ƙi har ta kai shi ga sanya abin toshe kunne a wasansa da Gabriel Clemens a Janairun 2023. Me ke hannun mai kira a irin wannan? Makirfo kawai. Zai ce na gode, zai roƙi a girmama 'yan wasan biyu, in abin ya yi yawa ya tsayar da wasa ya yi gargaɗi, kuma sau da yawa gargaɗin ma ƙara tunzura masu fiton yake yi don sun ga an kula su. Mutumin da idonsa ke kan zobe mai faɗin milimita 8 ba zai iya gano wanda ya yi fito a cikin mutum dubu goma ba, wannan aikin masu tsaro ne da masu shirya gasa, su suka sayar da tikitin, su ya kamata su fitar da mai laifi waje. Tsakanin 'yan wasan ma shi ne mai raba faɗa, wane ya tsaya kusa da wane, wane ya yi murna a fuskar wane, kamar yadda aka gani a wasan ƙarshe na Grand Slam na 2018 tsakanin Price da Gary Anderson, wanda daga baya hukumar ladabtarwa ta DRA ta ci Price tara.

Tambayar da ake yawan yi yanzu ita ce, tunda akwai na'ura me ya sa ba za a sallame su ba? Gaskiya na'urar tana nan, akwai irin su Scolia masu amfani da kyamara su karanta inda kibiya ta shiga, mutane na amfani da su a gida, a Japan da wasu ƙasashen Asiya kuma allon lantarki mai ƙirga da kansa ya daɗe da karɓuwa. Gasar tanis ta Wimbledon ma a 2025 ta sallami alƙalan layi ta koma na'ura. Kuma da yake kamfanonin caca ne ke ɗaukar nauyin gasa da dama a dats, kuɗi masu yawa na rataye a kan kowace lamba, ba zan yi mamaki ba in matsin ya ƙaru. Ni dai abin da zan goyi baya shi ne na'ura ta zama mataimakiya, ta riƙa tabbatar da ragi a bayan fage, ta taimaka a kibiyar da ta tsaya kan waya, ba tare da an riƙa tsayar da wasa minti biyu ana jira ba irin yadda VAR ke yi wa ƙwallon ƙafa, don dats wasa ne na taku, ɗan wasan da aka katse masa taku an riga an cuce shi. Amma kyamara ba za ta lura ƙafar mutum ta hau katakon tsayawa ba sai an saita ta don haka, ba za ta ji ɗan wasa na baya yana karkaɗa kibau a hannu don ya raba hankalin mai jifa ba, ba za ta san lokacin da ya dace a ce wa ɗan wasa dakata a bar hayaniya ta lafa ba, kuma in ɗan wasa ya juyo da kibiya ɗaya a hannu fuskarsa duk gumi ya tambaya nawa ya rage, amsar da yake so ita ce ta mutumin da ya yarda da shi, cikin rabin sakan, da muryar da ba za ta nuna masa ko ya yi daidai ko ya yi kuskure ba. Littler da sauran yaran da ke tasowa suna jifa da sauri kuma suna bin hanyoyin rufewa da tsofaffi ba su saba bi ba, saboda haka sababbin masu kira irin su Charlie Corstorphine lissafin da ke gabansu ya fi na zamanin Bray sarƙaƙiya, kuma PDC na buƙatar ta riƙa horar da su tun daga ƙananan gasa inda babu kyamara babu 'yan kallo.